Daga Gadar Chanchaga Zuwa Gindin Kaɗanya

Mai zuwa Minna daga Kano a 'yan shekarun nan ba ya bin hanyar da iyayenmu suka sani. Da can daga Kaduna ake ratsewa, a bi ta Birnin Gwari da Tegina a faɗo garin ta arewa. Tun da 'yan bindiga suka addabi wannan daji, direbobi suka gwammace su miƙe titin Abuja, su karya kwana a mahaɗar Dikko kusa da Suleja, sannan su kama hanyar Minna. Tafiya ta ƙara nisa, kuɗin mota ya ƙaru, amma hankalin fasinja ya fi kwanciya. Ta nan muka bi a ƙarshen daminar 2025, sabuwar doya ta cika kasuwa. Ɗaurin auren 'yar wani aminina ne ya kai ni, malamin makaranta da aiki ya zaunar da shi a can tun muna samari. Amma akwai abin da na daɗe ina son gani, wato rijiyar burtsatse ta unguwarsu, wadda yake yawan ce mini a waya ba ta taɓa kwana uku a lalace ba. Ga mu da muka saba ganin burtsatsen 'yan siyasa tana mutuwa tun fentin sunan mai ita bai koɗe ba, wannan magana ce da sai ido ya gani.

A Dikko mota ta yi tsit. Kowa ya tuna da tankar man da ta kama da wuta a wurin a watan Janairun shekarar, ta hallaka mutane masu yawa. Wani dattijo a kujerar gaba ya yi musu addu'a, muka shafa, muka wuce.

Daga Lambata zuwa Paiko ƙasa ce kore shar, da duwatsu baƙaƙe jefi-jefi, da gonakin doya da dawa da masara. Ƙasar Gbagyi ke nan, waɗanda Bahaushe ke kira Gwarawa, kuma har yanzu za ka ga matansu ɗauke da kaya a kafaɗa, ba a ka ba. Abu biyu ne suka cika bakin titi: tsibin doya, wadda a nan ake cinikinta ƙwarya-ƙwarya, wato ɗari-ɗari, sai kuma buhunan gawayi a jingine da juna, an toshe bakinsu da ganye. Dattijon nan ya ce shekara da shekaru yana bin hanyar, doyar ya sani tun yana yaro, amma gawayin bai taɓa yawa haka ba. Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Tun da aka cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023, naira kuma ta karye, iskar gas da kananzir suka fi ƙarfin talaka, gidaje suka koma murhu. A nan Minna ne ma, ranar 5 ga Fabrairun 2024, mata da matasa suka tare hanyar Bida a Kpakungu saboda tsadar rayuwa. Sai dai na lura da wani abu a gonakin. Duk gonar da aka share aka yi kunya, akwai itatuwan da gatari ya tsallake: kaɗanya da ɗorawa da mangwaro, tsaye a tsakiyar shuka. Na riƙe wannan a raina.

Gadar Chanchaga ita ce ƙofar Minna ga wanda ya fito daga Suleja. Unguwar da ke bakin kogin, mai ɗauke da sunansa, a ƙaramar hukumar Bosso take, ita kuwa ƙaramar hukumar Chanchaga mai mazaɓu 11 ita ce tsakiyar birnin. Garin Minna asalinsa na Gbagyi ne a kan dutsen Paida. Jirgin ƙasa ne ya sauko da shi fili, ya kuma tara masa baƙi, tun daga layin Baro zuwa Kano da aka kammala a 1911. Hausawa da Nufawa da Yarbawa da Inyamurai suka zo suka kafa unguwanni, shi ya sa kake jin Limawa da Makera da Kwangila da Sabon Gari da Ƙetaren Gwari. A 1976 aka ƙirƙiro Jihar Neja, Minna ta zama babban birninta. Ƙidayar 2006 ta ba ƙaramar hukumar Chanchaga mutum kimanin 200,000, kuma tun daga lokacin garin yake ta tumbatsa ta kowace kusurwa. Ruwan shansa daga wannan kogi yake fitowa, da madatsar Tagwai da ke samansa, da tsohuwar madatsar Bosso. Gari ya girme wa bututunsa, don haka a sababbin unguwanni 'yan ga-ruwa da kurarsu ne famfon jama'a.

An ɗaura aure lafiya, an ci tuwon shinkafa da sakwara, baƙi sun watse. Washegari bayan asuba aminina ya ja ni zuwa bakin burtsatsen.

Ba wani abin ƙawa ba ne. Hasumiyar ƙarfe ce da baƙaƙen tankunan roba a kai, faifan sola a gefe an kewaye da waya, famfuna a jere a jikin wata 'yar katanga, ƙasa an dabe da siminti an yi wa ruwan da ke zuba hanya zuwa gindin ayaba da gwanda. Jarkoki rawaya sun yi layi, yara na hamma. A kan benci wata dattijuwa ce zaune da littafi a cinya, tsohuwar ma'aikaciyar jinya, Banufiya, ita ce ma'ajin kwamiti. Kowace jarka da ɗan kuɗinta, bai kai rabin abin da mai kura ke karɓa ba. Ta nuna mini shafin baya na littafin, inda aka jera gidajen da ba a karɓar komai a hannunsu: zawarawa masu marayu, da tsofaffin da ba su da mai nema musu. Kuɗin da aka tara kashi uku ake yi, na mai gadi, na ƙananan gyare-gyare, da na ajiya wanda ba ya fita sai da sa hannun mutum biyu. Ƙarshen kowane wata ana karanta lissafi a ƙofar gidan mai unguwa, kuma ranar Asabar da yamma aka zaɓa, don kada a shiga Juma'ar Musulmi ko Lahadin Kirista.

Na ce mata, "Hajiya, ba a taɓa zargin ku da cin kuɗin jama'a ba?"

Ta ce, "Malam, ai wanda ya riƙe kuɗin mutane dole a zarge shi. Shi ya sa littafin ba ya kwana a ɗakina. Yana wurin mai shagon can, duk mai so ya je ya duba."

Ban yi mamakin ganin mace a wannan kujera ba. A Minna ne aka kafa ƙungiyar FOMWAN ta mata Musulmi a watan Oktoban 1985, marigayiya Hajiya Aisha Lemu ta zama Amirarta ta farko. Matan garin sun daɗe da sanin taro da rubuta bayanin taro, ga kuma adashi da kowace 'yar kasuwa ta iya tun tana budurwa.

Da hantsi muka je gaishe da mai unguwa. Shi ya ba ni tarihin. Akwai burtsatse ta farko da wani ɗan takara ya haƙa musu, da janareta da komai. Ranar da injin ya ƙone aka yi ta jiran mai ita ya zo ya gyara, har ɓarayi suka kwance abin da ya rage. Ta biyun kuwa gida-gida aka bi aka tara kuɗinta, kuma a nan aka sha rigima. Yawancin gidajen unguwar na haya ne, masu su suna Abuja ko Kaduna. 'Yan haya suka ce ba za su zuba kuɗi a abin da zai ƙara wa gidan wani daraja ba, gobe a ƙara musu haya a kansa. Masu gidaje suka ce su ba sa shan ruwan. Aka yi watanni ana ja-in-ja. Daga ƙarshe dattawa suka yanke cewa ɗan haya ya biya, a ba shi rasit, ya cire rabin kuɗin daga hayar shekara, mai unguwa kuma ya ɗauki nauyin kiran masu gidajen ɗaya bayan ɗaya. Wasu sun yi gardama, amma ba wanda ya so a ce shi ne ya hana unguwa ruwa.

Na ce, "Ranka ya daɗe, to me ya hana wannan lalacewa?"

Ya ce, "Wa ya ce maka ba ta lalacewa? Injin ya ƙone, tsawa ta taɓa kashe mana na'urar sola. Abin da ya bambanta shi ne kafin ta lalace kuɗin gyaranta na ajiye, kuma yaron da ke gyarawa ɗan unguwar nan ne, mu muka tura shi ya koya. Da ruwan ciki ake jan na rijiya."

Na yarda da shi ɗari bisa ɗari. Injin da ke cikin rijiyar farko da na ta biyu duk a kasuwa ɗaya ake sayo su. Ta farko kyauta ce da ba a damƙa wa kowa ba, ta biyu kuwa kowa ya san nawa ya zuba, ya san wa zai tambaya, ya san abin da zai biyo baya in ya ƙi biya.

Ranar Asabar na tarar da gayyar yashe kwata. Samari da shebur da manjagara da baro, 'yan mata na kawo ruwa, wani tela ya fito da lasifika. Abin da ake fitarwa yawanci yashi ne da ledar ruwa da robar lemo. Wasu 'yan baban-bola biyu suna tsaye suna tsince roba da gwangwani da ƙarfe, kuma na ga ana yi musu magana da mutunci, don su ne ke rage wa unguwa rabin nauyin. Gidan da bai turo mutum ba yana biyan tara. Kafin azahar layin ya yi fes.

Amma da muka taka zuwa ƙarshen unguwar, inda ƙananan kwatoci ke zuba a babbar magudana, sai murnata ta ragu. Minna tana da manyan magudanan kankare, masu faɗi da zurfi, waɗanda aka gina bayan ambaliyar 1986, zamanin mulkin Janar Ibrahim Babangida. Aiki ne na gaske, ya kuma ceci garin shekaru da yawa. Ga shi nan yanzu, a wannan yanki, cike da shara, ciyawa ta tsiro a kan yashin da ya taru, wani ya kafa bayan shagonsa a kan bakinta. Mutanen da suka share layinsu da safe, a cikinsu akwai masu aiko yara da dare su juye bola a nan. Na tambayi wani saurayi dalili, ya ce kwatar layi tasu ce, wannan kuwa ta gwamnati ce. Duk wanda na yi zancen magudana da shi a garin sai ya ambaci Mokwa, inda ambaliyar 29 ga Mayun 2025 ta ci rayuka sama da 150 a dare ɗaya. Tsoron yana nan a zukata. Abin da babu shi ne wanda za a nuna a ce wannan yanki na magudanar, daga wannan kwalbati zuwa wancan, a wuyansa yake.

Matar aminina tana sayen man kaɗe a hannun wasu mata a wani ƙauye da ke kan hanyar Zungeru, gaba da Maikunkele. Na roƙa aka kai ni. Jihar Neja ce kan gaba a kaɗanya a Najeriya, kuma a wannan yanki na Bosso garin Kodo ya yi suna da ƙungiyoyin mata masu sarrafa ta. Inda muka je ƙaramin wuri ne, rumfar kwano ɗaya, injin niƙa ɗaya da suka saya da kuɗin adashi, da manyan tukwane a kan murhu.

Wanda bai ga yadda ake man kaɗe ba ba zai san dalilin tsadarsa ba. Da farkon damina 'ya'yan ke nuna su faɗo. Mata na fita tun duhun asuba su tsinto, cikin raɓa da haɗarin maciji. A cinye ko a cire naman, a tafasa ƙwallon, a shanya, a fasa ɓawon, a sake shanya ƙwayar har ta bushe ƙayau. Sannan a daka, a soya, a niƙa ta zama baƙin ƙulli mai kauri. Daga nan aikin ƙarfi ya fara. Na tsaya kan wata mata da ta durƙusa gaban babban daro, hannunta har gwiwa a cikin ƙullin, tana bugawa tana yayyafa ruwa, tana bugawa tana yayyafawa, gumi na ɗiga daga haɓarta. A hankali baƙin ya fara washewa, can sai ga farin kumfa ya taso ya rabu da ruwan. Ta kwashe shi da tafin hannu biyu ta zuba a wani daro, aka wanke, aka ɗora a wuta har ruwan ya ƙone, mai ya kwanta garau. Ɓawon da dusar da ta rage ba a zubarwa, su ake turawa a murhu don a rage cin itace, domin aikin kansa yana cin wuta ba kaɗan ba.

Shugabarsu tsohuwa ce Bagwariya, Hausarta tsaf. Na tambaye ta itatuwan da na gani tsaye a gonaki.

Ta ce, "Ɗana, kaɗanya ba a shuka ta, ba a kuma sare ta. In ta tsiro a gonarka, ka kewaye ta da fartanya. Wadda ke cikin gona ta matan gidan ce, wadda ke daji ta wadda ta riga zuwa ce. Ba a girgiza ta, ba a jifan ta, sai abin da ta yar da kanta. Wanda ya sare ɗanya, mai gari zai ci shi tara."

Na ce, "Inna, har yanzu ana bin wannan?"

Ta ce a gonakin gari ana bi, don kowace itaciya akwai idon da ke kanta. A daji ne ake ɓarna, inda masu gawayi ke shiga da injin yanka, kuma kaɗanya da ƙirya suka fi so saboda gawayinsu ya fi nauyi ya fi daɗewa a wuta. Itaciyar da sai ta shekara 15 ko fiye kafin ta fara 'ya'ya, wadda ke iya rayuwa sama da shekara 200 tana ciyar da jikoki da tattaɓa-kunne, a wuni ɗaya ake mayar da ita buhu kaɗan.

Damuwar da ta fi cin ransu a lokacin kuwa daga Abuja ta zo. Ranar 26 ga Agustan 2025 Mataimakin Shugaban Ƙasa Kashim Shettima ya sanar da hana fitar da ɗanyen kaɗe ƙasashen waje na wata shida. Manufar tana da kyau, kuma ina goyon bayanta: a sarrafa a gida, a fitar da mai, kada mu ci gaba da sayar da ƙwallo da arha ana mayar da shi man shafawa da cakulan a Turai. A watan ne ma aka buɗe babbar masana'antar kaɗe a Kudu, cikin ƙaramar hukumar Mokwa. Amma sanarwar ta faɗo ne daidai lokacin da mata suka gama tsinta suka cika buhuna, sai dillalai suka janye, farashi ya faɗi. Masu injin niƙa irin waɗannan sun ɗan samu sauƙin sayen ƙwallo, amma mafi yawan matan ƙauye masu tsinta ne kawai, kuma su ne suka kwana a ciki. Abin da nake jin tsoro shi ne wannan: abin da ke tsare kaɗanya daga gatari shi ne kuɗin da take kawowa ɗakin mace duk shekara. Ranar da buhun ƙwallo ya kasa buhun gawayi daraja, maigida zai fara kallon itaciyar da wani ido, tarar mai gari kuma ba za ta tsayar da shi ba. Doka irin wannan, kafin a buga ta, ya kamata a zauna da masu tsinta, a tsayar musu da farashin da ba za a sauka ƙasa da shi ba.

'Yan'uwanmu na Maraɗi sun riga mu gane cewa itaciya ba ta tsira sai mai gona ya san amfaninta nasa ne. Bayan farin shekarun 1970 da na 1980 an kashe kuɗi mai yawa wajen dashen itatuwa a Nijar, yawancinsu suka mutu. Daga 1983 wani ɗan Ostireliya, Tony Rinaudo, ya fara aiki da manoma a kan kututturan da ke tohuwa da kansu a gona: a zaɓi reshe mai ƙarfi, a sassabe sauran, a bar shi ya girma. Abin bai bunƙasa sosai ba sai da manomi ya tabbata itaciyar da ya raina tasa ce, ba ta ma'aikacin gandun daji ba. Yau ana ƙiyasta fili mai faɗin hekta miliyan 5 da itatuwa wajen miliyan 200 da suka dawo ta wannan hanya. Abin da tsohuwar nan ta gaya mini a gindin kaɗanya shi ne dai wannan ilimi, kuma ba daga littafi ta samo shi ba.

Kafin in bar garin na koma kogin, na sauka ƙasan gada da ƙafa. Ruwan ja ne, kauri kamar kunun kanwa. Ta ɗaya gefen masu wankin mota da babura, ta ɗayan masu lambu suna gyara fangali don noman rani, alayyafo da kuɓewa da tumatir. Can gaba tifa ce ta ja da baya har bakin ruwa, samari na loda mata yashi, don duk bulon da ake gina sabuwar Minna da shi daga irin wannan wuri yake fitowa. Gaɓar da suke haƙa ta zabtare, ta ci gefen wani lambu, mai lambun kuwa ya nuna mini inda iyakarsa take a da, yanzu ruwa ne ke gudu a wurin.

Da na ƙara gaba sai na iske masu wankin zinare, sana'ar da aka daɗe ana yi a wannan yanki. Wani yaro da bai wuce shekara ashirin ba yana tsaye cikin ruwa har cinya, yana juya faranti a hankali, yashi na zubewa, idonsa ƙur a kan baƙin ƙasan da ya rage. Na yi masa sannu, na tambaye shi daga ina.

Ya ce, "Baba, daga ƙasar Shiroro muke. Gonarmu na can, ba ta shiguwa. In na samu ɗan abin da na samu a nan, shi muke ci da mahaifiyata."

Ba ni da bakin ce masa ya bari. Amma na san abin da haƙar zinare ba bisa ƙa'ida ba ta jawo a jihar nan. A 2015 gubar dalma ta kashe yara 28 a yankin Shikira na ƙaramar hukumar Rafi, bayan ta Zamfara ta 2010 da ta kashe ɗaruruwa. A watan Yunin 2024 rami ya rufta da masu haƙa a Galkogo, a ƙasar su wannan yaro. Kuma kogin da ake dagulawa da haƙa da wanki da bola, shi ne dai wanda garin ke sha.

Abin da ya tsaya mini a rai a bakin kogin shi ne, babu wanda ke wurin a warwatse. 'Yan tifa suna da ƙungiya da shugaba da kuɗin shiga. Masu loda yashi suna da nasu. Masu lambu suna da sarkin noma, masunta suna da sarkin ruwa, masu wankin mota ma suna da wanda ke raba musu wuri. Kowane rukuni ya tsara yadda zai ɗiba, babu zaman da ya haɗa su a kan yadda za a bar wani abu. Wata masaniya 'yar Amurka, Elinor Ostrom, ta samu kyautar Nobel ta tattalin arziki a 2009 saboda ta nuna, da misalan makiyaya da masunta da manoman rani na ƙasashe da dama, cewa dukiyar tarayya tana ɗorewa in masu amfani da ita ne suka shata iyaka, suka kafa doka, suka sa ido, suka hukunta mai laifi daidai laifinsa, hukuma kuma ta amince musu. Duk waɗannan sharuɗɗa na gan su a bakin burtsatse da gindin kaɗanya. Ko ɗaya ban gani ba a babbar magudana da bakin kogi.

Kada a ɗauka ina cewa jama'a za su iya komai, gwamnati ta naɗe hannu. Minna a kan dutse take zaune, ruwan ƙarƙashin ƙasarta ba shi da yawa, rijiyoyi da dama suna ja baya a watan Maris da Afrilu, kuma in kowane layi ya haƙa tasa, junansu za su shanye. Kwamitin unguwa ba zai iya faɗaɗa matatar ruwa ba, ba zai kori 'yan bindiga daga Shiroro da Munya yaron nan ya koma gona ba. Jihar da ke da madatsun Kainji na 1968 da Jebba na 1985 da Shiroro na 1990 da kuma sabuwar ta Zungeru, tana haska ƙasa baki ɗaya, ta cancanci famfo mai zuba a babban birninta. Wannan haƙƙi ne a wuyan hukuma. Kuma jihar ba baƙuwa ba ce ga miƙa wa jama'a ragama. Zamanin Gwamna Mu'azu Babangida Aliyu, daga 2007 zuwa 2015, an riƙa ba kwamitocin mazaɓu 274 kuɗi su zaɓi aikin da suke so su yi da kansu. Gwamna Mohammed Umar Bago kuma ya shirya babban taro kan tattalin arziki mai kare muhalli a Minna a watan Oktoban 2023, ana ta maganar dashen itatuwa. Ra'ayina shi ne, duk dashen da ba a rubuta sunan gida ko makaranta ko masallaci ko cocin da zai shayar da shi ba, asarar kuɗi ne, kuma kare kaɗanya ɗaya da ta riga ta girma ya fi dasa ɗari da ba mai kula da su.

Don haka kirana ga Mai Martaba Sarkin Minna, Alhaji Umar Faruk Bahago, da majalisarsa, da shugabannin ƙananan hukumomin Chanchaga da Bosso da Paikoro: a tara shugabannin 'yan tifa da masu yashi da masu lambu da masunta da masu wankin zinare da hakiman bakin kogi a zaure ɗaya. Su da bakinsu su faɗi inda za a ɗebi yashi da inda ba za a taɓa ba, taku nawa za a bari tsakanin rami da gaɓa, nawa ne tarar wanda ya saɓa, wa zai riƙe littafi, a ina za a karanta shi. A raba manyan magudanan gari yanki-yanki a damƙa wa unguwannin da suke ratsawa, hukuma ta kawo motar kwasa a ranar da aka yi alkawari. A ba matan kaɗe kujera a duk zaman da za a yanke hukunci kan kaɗanya. Masu iya wannan aiki suna nan a garin, na zauna da su, na ga littafinsu. A kira su kafin ruwan baɗi ya sauka.